Ni da Madam Hilda a Bakin Iyaka

Talata, 9 ga Afrilu, 1974. Bayan azahar.

Jiya na sauka Jibiya. Na fi shekara goma ina wasan kwaikwayo a gidan rediyo a Kaduna, kowa a garin nan ya san muryata, amma a tasha ba wanda ya ɗaga kai ya dube ni sai mai dako. Turawan Ingila ne suka zo yin silima a Nijar, can gaba da Maraɗi, suna neman Bahaushiya mai jin Turanci wadda ba ta tsoron idon mutane. Aka ce ga Sakinatu. Sun yada zango a gidan saukar baƙi suna jiran sauran kayansu daga Kano, sannan mu tsallaka gaba ɗaya.

Inna ta rame. Ƙafafunta sun kumbura, daga ɗaki zuwa zaure ma aiki ne. Ban gama ajiye jaka ba ta gaya mini abin da ba a aiko mini Kaduna ba: ɗanta na Maraɗi yana asibiti. Jak ya zame, mota ta danne masa ƙafa a garejin da yake koyon aiki.

Ɗanta na ce. Ni na haife shi, shi ne na fari, tun yaye aka miƙa mata shi kamar yadda ake yi. Ban taɓa kiran sunansa ba, ban taɓa zama kusa da shi a gaban mutane ba. Shi kuwa Yaya yake ce mini. Da Inna ta gama magana na ce Allah ya sawwaƙe, na tambaye ta ko akwai ruwan sanyi a randa.

Laraba, 10 ga wata. La'asar.

Na ga Madam Hilda, wadda saboda ita ake duk wannan hidima. Na zaci wata hamshaƙiya zan gani. Sai ga 'yar tsohuwa a kujerar zane ƙarƙashin bishiyar bedi, ta tsoma ƙafafu a daro, wuyanta ya yi jajir don zafi. Ta kusa sittin. An ce a Landan in ta gama wasa mutane miƙewa tsaye suke yi. A nan ƙudaje ne kawai suka san da zuwanta.

Ta riƙe hannuna ta daɗe tana dubana, irin duban da mai sayen akuya yake yi. Ta ce muryata tana da daɗi. Na ce haka ake faɗa.

Labarin wasan shi ne, ita matar wani Di'o ce, Baturen mulki na da, ta dawo da tsufanta neman kabarin mijinta, ta tarar ana fari, ta sauka gidan wata mata wadda yunwa take kashe mata ɗa, Rabe. Ni ce matar. Ko suna ba su ba ni ba, uwar Rabe kawai aka rubuta. Tun bara mutane suke gangarowa daga arewa hannu rabbana, dabbobinsu sun ƙare a hanya, ba mu ga kowa daga Ingila ba. Yanzu sun zo da janareto da akwatin sanyi za su ɗauki hoton abin.

Juma'a, 12 ga wata. Bayan an sauko masallaci.

Yaya Maharazu zai je Maraɗi gobe ya dubo shi. Ya samu wuri a motar Ɗantala direba, kuma a gabana ya ce akwai sauran wuri ɗaya, in da wadda za ta riƙe kwanon abinci. Bai dube ni ba, ni ma ban dube shi ba. Tsakar gida cike da mata, kowacce ta kasa kunne ta ji abin da 'yar wasan Kaduna za ta ce. Da ma sun daɗe suna cewa rediyo ta wanke mini ido, ba sauran kunya a tare da ni. Na ce Khadijatu matar Yaya ta fi ni iya jinya.

Ba komai. Turawa sun ce Talata za mu tsallaka. In na shiga Maraɗi da sunan aiki, wa zai ce wani abu don na biya ta asibiti kamar mai wucewa? Talata ai ba nisa.

Lahadi, 14 ga wata. Gab da magariba.

Sun dawo. Yaya ya ce da sauƙi, matar maigidansa na gareji tana kula da shi. Khadijatu ta wuce ciki da kwanon abinci. Daga baya na jiyo ta a ɗaki tana gaya wa Inna ƙafar ta fara wari, kuma ya tambaya ko gaskiya ne Yayarsa ta Kaduna ta zo gida. Ina waje ina tankaɗe. Na ci gaba da tankaɗena.

Litinin, 15 ga wata. Hantsi.

Sojoji sun karɓe mulki a Yamai. An rufe iyaka.

Litinin. Bayan la'asar.

Na bi Turawa zuwa Magama, inda shingen yake. Motoci sun jeru har ba a ganin ƙarshensu, na siminti, na goro, na man fetur, direbobi sun shimfiɗa tabarmi a ƙarƙashi. Darakta, wani dogon Bature mai gemu wanda ba ya gaisuwa, ya yi ta ɗaga murya ga ɗan kwastan. Ɗan kwastan ya bar shi ya gaji, sannan ya ce shi nasa ɓangaren a buɗe yake, ya je ya yi wa jandarmomin can ihun. An ce sai an samo takarda ta musamman daga sababbin masu mulki. An ce gobe ko jibi.

Na tsaya na dubi hanyar. Mutum da ƙafarsa ma zai kai garin Ɗan Isa, can cikin Nijar, kafin rana ta faɗi. Sanda ɗaya ce a gicciye a kan ganguna biyu.

Laraba, 17 ga wata. Azahar.

Tun da ba tafiya, Darakta ya ce a fara gwaji. Wurin mutuwar Rabe muka yi. Wai in faɗi ƙasa, in yage zane, in yi ta kiran Rabe, Rabe, ɗana na fari. Na ce masa ba a haka. Uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, in ya mutu ma ba ita ake ji ba, tana can gefe tana ba baƙi ruwa. Ya ce to mutanen Ingila ta yaya za su san ta damu? Na ce mu dai muna sani. Ya ce shi ba don mu yake yin silimar ba.

Na yi masa yadda yake so. Na faɗi, na yi kururuwa, muryar rediyo ce ba ta da wuyar fitowa. Ya ce ba rai a ciki, kamar itace. Ya ce in ban gyara ba, a Maraɗi ma akwai mata, zai cire sunana daga cikin masu tsallakawa.

Madam tana can gefe. Tana zaune tana fifita da hula, idonta a kaina.

Asabar, 20 ga wata. Hantsi.

Madam ta kira ni ɗakinta. Kayan kwalliyarta sun narke a cikin gwangwani, jan baki ya haɗe da hoda ya zama kunu, muka zauna muna kwashewa da cokali. Ba ni na tambaye ta ba, ita ta fara.

Ta ce tana 'yar shekara goma sha bakwai ta fara, a wani ƙaramin gidan wasa a bakin teku, aikinta ta shigo da tiren shayi ta ce an gama abinci, ta fita. Daga nan sai yawo gari gari a jirgin ƙasa, yau a nan gobe a can, ana kwana a ɗakin haya mai kuɗin cizo. Lokacin yaƙi suna cikin wasa jiragen Jamus suna ruwan bom, ƙasa tana zubo musu daga rufi, ba wanda ya bar wurinsa. Sannan Landan, sannan silima. Ta ce da farko amarya ake ba ta, sai aka koma ba ta matar aure mai cin amana, sai uwa. Ta ce ranar da aka fara ba ta uwa ta kulle ɗaki ta yi kuka, ba ta san watarana uwar ma sai ta roƙa ba. Shekarun nan goggo mai taɓin hankali take fitowa, ta yi magana biyu a rufe ta a bene. Wannan ne babban wasa na farko da aka ba ta tun da daɗewa, kuma ta san shi ne na ƙarshe. In iyakar nan ba ta buɗe ba, masu kuɗin za su janye, ta koma gida wurin kyanwarta.

Na tambaye ta 'ya'ya. Ta yi dariya ta ce ta binne 'ya'ya da yawa a gaban jama'a, amma ba ta haifi ko ɗaya ba.

Na so in ji tausayinta. Ita tana jiran sanda ta ɗaga don a sake tafa mata. To ni ma ai a bakin mutane abin da nake jira ke nan.

Litinin, 22 ga wata. La'asar.

Yaya ya gwada hanyar daji da keke. Sojoji suka tare shi, suka sa shi tsallen kwaɗo da furfurarsa, suka riƙe keken. Da ƙafa ya dawo, ya shige ɗaki.

Talata, 23 ga wata. Da safe.

Na sami Inna ita kaɗai. Na ce mace ba a cika tare ta ba, in na bi masu tallar nono zan wuce. Ta daɗe tana jan carbi.

"Ke za ki tahi? A ce mi?"

"A ce duk abin da za a ce, Inna."

"Ni da na goya shi ina nan zaune, ke ki kwashi ƙafa ki bi daji? Sannan in kin isa ki tsaya bisa kanshi ki ce mashi wa? Ki bari Turawanki su kai ki. Shi ya fi mutunci."

Na ce to. Wallahi da ta ce kada in je don sojoji, da na tafi. Amma ta ce mutunci, kuma ni da bakina na fara faɗar haka ranar Juma'ar nan.

Alhamis, 25 ga wata. Azahar.

Gobe, in ji su.

Juma'a, 26 ga wata. Azahar.

Gobe. Darakta ya tafi Katsina buga waya. An kawo musu kaji da giya daga Kano a cikin ƙanƙara. Ita ƙanƙarar ba ta sha wuyar hanya ba.

Asabar, 27 ga wata. Bayan la'asar.

Wani mai jaki da ya ɓullo ta daji ya kawo wa Ɗantala saƙo. An yanke ƙafar. Zazzaɓi bai sauka ba.

Mun yi gwaji. Na faɗi ƙasa sau nawa ban sani ba. Darakta ya ce yau ma itace.

Lahadi, 28 ga wata. Hantsi.

Madam ta tsare ni a gindin bedin. Ta ce ta lura duk ranar da mai saƙo ya zo, ni kaɗai ce ba na tambayar komai, kuma ni kaɗai ce ba na cin abinci. Ta ce yaron nan na asibiti da ake cewa ƙanena ne.

"Shi ne na farin, ko?"

Mace ta yi sati uku kacal a ƙasar nan, ko sannu ba ta iya faɗa daidai ba, ta zo ta ɗaga mini zane a tsakar rana. Ta ce aikinta ke nan tun tana yarinya, kallon mutane, ba ta iya dainawa. Ta ce za ta sa Darakta ya matsa a kan takardar, kuma sunana ba zai fita ba muddin tana numfashi. Na yi godiya. Na tsani godiyar.

Tana maganar tana kallon hannuna, yadda nake murza bakin mayafi. Da yamma a wurin gwaji na ga tana murza bakin rigarta haka nan.

Talata, 30 ga wata. Azahar.

Jiya da hantsi ne. A can aka yi masa sutura. Inna ake yi wa gaisuwa.

Laraba, 1 ga Mayu. La'asar.

Gida ya cika. Na ɗebi ruwa, na dama fura, na shimfiɗa tabarmi, na nuna wa baƙi inda Inna take. Inna ta yi kuka har muryarta ta dushe, mata suna riƙe ta suna ba ta haƙuri. Wata tsohuwa daga Riko ta dafa ni ta ce madalla, ashe Kaduna ba ta lalata ni ba, ko ɗigon hawaye ba a gani ba. Yau dai na wanke sunana a garin nan. Kowa ya yaba.

Alhamis, 2 ga wata. Hantsi.

Sadakar uku. Madam ta zo, ta yafa gyale, ta cire takalmi a zaure ba wanda ya gaya mata. Ta durƙusa gaban Inna ta faɗi abin da aka koya mata. Ni kuwa ta karɓi ruwan da na miƙa mata ta sha. Ta zauna har aka shafa fatiha. Duk inda na juya ina jin idonta a bayana.

Juma'a, 3 ga wata. Bayan an sauko masallaci.

Takarda ta fito. Turawa suna ta rungumar juna. Sunana yana ciki.

Yaya ya ce in ba na so in bari, ba wanda zai ga laifina. Na ce aiki ne, na riga na yi alkawari. Me zan zauna in yi a gidan? Furar ta ishe ni.

Asabar, 4 ga wata. Maraɗi, azahar.

Ɗaga sandar bai ɗauki lokacin shan ruwa ba. Jandarma ya duba takarda, ya sara wa Madam, shi ke nan.

Motarmu ta bi ta gaban asibitin. Katanga ce fara da mata zazzaune a inuwa da kwanoni. Ɗantala ne yake tuƙa mu, ya rage gudu, sannan ya ƙara mai. Maƙabarta kuwa ba wurin zuwan mata ba ce, ban ma tambayi ta ina take ba.

Litinin, 6 ga wata. Bayan la'asar.

An ɗauka yau, a wani ƙauye da mutanensa suka watse. An kwantar da wani saurayi a tabarma an rufe shi da zane, ƙafafunsa a waje. Yadda aka shirya tun a Jibiya, kyamara tana gabana, Madam tana tsaye a bayana. Ana gab da farawa ta je ta ja Darakta gefe, suka yi magana ƙasa ƙasa. Sai aka ɗauke kyamarar aka mai da ita bayana, aka ce Madam ta tsaya can gaba, ta fuskance ni. Ban damu ba. Ni ƙafafun nan nake kallo.

Aka ce a fara. Na durƙusa. Ban san lokacin da abin ya zo ba. Na san dai na kira Rabe, kuma ba Rabe nake kira ba, na kira na sake kira, na faɗa masa ga ni na zo, na faɗa masa akwai wuri a motar. Wannan ba ya cikin takarda. Ba wanda ya ce a tsaya. Na yi har ƙirjina ya ƙi ba da murya, bakina cike da ƙasa. Saurayin da ke ƙarƙashin zanen yana ta rawar jiki don tsoro.

Da na ɗago, sai na ji tafi. Duk sun kewaye Madam. Fuskarta sharkaf da hawaye, Darakta yana sumbatar hannunta yana cewa bai taɓa ganin irin wannan ba, da wannan fuskar za a rufe silimar, Landan za ta sake sanin ko ita wace ce. Ni ya waiwayo ya ce da kyau, sai dai ya ɗan yi yawa, za su rage ƙarar in sun koma gida. Ɗantala ne ya kawo mini buta.

Talata, 7 ga wata. Da safe.

Na sami Madam a tanti tana goge kwalliya. Na ce tambaya ɗaya gare ni, me ta gaya wa Darakta jiya.

Ta ce ta gaya masa a juya kyamarar. Ta san abin da zai fito daga gare ni, kuma bai kamata a ɗauki wannan fuskar a kai wa mutanen da suka sayi tikiti suna cin gyaɗa ba. Ta ce watarana silimar za ta iya zuwa Katsina, mutanen garinmu su gani.

"To don ni kika yi, ko don ke?"

Ta tsaya da auduga a hannu, rabin fuskarta fari rabi ja. Ta daɗe tana duban madubi.

"Jiya na kwana ina tambayar kaina," ta ce. "Na fi shekara arba'in a aikin nan, Sakinatu. Ban sani ba."

Ta ce in faɗa mata sunan yaron, tana so ta riƙe. Na ce ta tambayi Inna, ɗanta ne.

Sun ce sun gama da uwar Rabe. Ɗantala zai koma Jibiya da azahar, ya ce akwai wuri a gaba.